Ɗan wasan barkwanci da yayarsa

Tunda ka ce aiki ne ya hana ka leƙa gida, bari in ba ka labarin wani mutum. A ƙasar Denmark aka yi shi, ɗan wani ƙaramin tsibiri na masunta. Uwarsu ta rasu yana ɗan shekara shida, yayarsa ce ta goya shi, ita ke wanki, ita ke ɗinke masa rigar sanyi. Da ya girma ya tafi babban birni neman shiga wasan kwaikwayo. Ya daɗe yana fitowa a ɗan aike ko mai riƙe ƙofa, kafin Allah ya kawo lokacinsa aka ba shi wasan wani masinja mai rarraba wasiƙu, wanda kullum sai ya kai saƙon wani gidan wani. Nan fa ya yi suna. Shekara ashirin da biyu ana nuna shi a talabijin duk Asabar, ga finafinai a tsakani. In ya shiga shago, tun bai buɗe baki ba mutane sun fara dariya, ko da ciwon haƙori ne ya fito da shi. Bai yi aure ba. In an tashi daga aiki sai ya goge kwalliyar fuska, ya koma ɗakinsa a hawa na huɗu, ya ci burodi da kifi a tsaye. Yayar takan buga waya ta tambaye shi yaushe zai zo, shi kuma ya ce, "Haba Yaya, ai ga ni a ɗakinki duk mako." Sai ta ce to, Allah ya taimaka. Tafiyar kuwa ba ta wuce wuni guda, jirgin ƙasa sannan na ruwa.

Da girma ya kama shi aka rufe shirin, sababbin fuskoki suka shigo. Wayarsa takan yi mako ba ta yi ƙara ba. Masu gaishe shi a hanya da sunan masinja suke kiransa, sunansa na yanka babu mai ambato. A nan ya tuna akwai bakin da ya saba kiransa da shi. Ya sayi hular ulu tsaraba, ya hau jirgi. Ya tarar da gidansu a hannun baƙi, suka nuna masa gidan kula da tsofaffi, suka ce shekara uku ke nan da aka kai yayarsa can, mantuwa ta kama ta. Ya same ta a kujera, an lulluɓe mata ƙafa da bargo, ana maimaita tsohon shirinsa a talabijin, tana ta ƙyalƙyala dariya. Ya durƙusa a gabanta ya ce, "Yaya, ni ne, na zo." Ta dube shi kamar yadda ake duban baƙo, cikin ladabi ta ce, "Bawan Allah, ɗan matsa gefe, ka tare mini ƙanena." Ya matsa. Ya zauna kusa da ita da hular a cinya har shirin ya ƙare, ba ta sake waiwayarsa ba.

Shi ya sa Hausawa suka ce zumunta a ƙafa take.