Bature Tsakanin Rumbu Biyu

Ran kasuwar Batsari dogarai suka tasa mai zane gaba, har masaukin Joji, Baturen da ya zo rangadi. Tun da mai zanen ya bar makarantar allo sana'arsa ke nan: ya raba takarda gida uku, ya zana labari, 'yan kasuwa su saya su sha dariya.

Tafinta ne ya kai ƙararsa. "Yau sai gidan yari, ɗan nema!"

Aka shimfiɗa zanen a gaban Joji. A gidan farko rumbu cike, manomi da tumbi. A tsakiya Bature da malafarsa. A na ƙarshe rumbu wayam, manomi ya koma kamar kara.

Joji ya bi zanen da yatsa. Sai ga Bature yana murmushi.

Tafinta ya fassara maganar Bature yadda ya ji ta, don wa ya isa ya gyara wa Bature karatu? "Wai madalla. Wai a kafa shi a ofis, kowa ya ga yadda Turawa suka tarar da mu cikin yunwa suka cika mana rumbu."

Mai zane ya faɗi gaban Bature. "Ranka ya daɗe, ilimi kogi ne!"

Shi daga dama yake farawa, kamar rubutun allo. Bature kuwa daga hagu ya karanto.