Wasan Tuƙin Baba

Saura kaɗan in fasa rubuta wannan, don kunya.

Tun da shanyewar ɓarin jiki ta raba Baba da tuƙin motar Gumel zuwa Maigatari, tsohon wasan tuƙi na kwamfuta ne kawai ya rage masa. Ranar Laraba wasan ya ƙi buɗewa. Ya kashe, ya kunna, ya fito da faifan wasan ya hure shi, shiru.

"Ƙyale ta, 'yar nan," ya ce. "Ita ma ta gane ni ba direba ba ne yanzu."

Na kasa haɗa ido da shi.

Washegari da safe na kai masa koko, na durƙusa, kaina a ƙasa. "Baba, ba kai ta ƙi ba. Faifan na gani ya yi dauɗa, na dirje shi da toka kamar tukunya."