Mai Ginin Tukwane da Hasken Shanya

Gyara zama ka ji wani misali.

A wata ƙasa da fatake ba su taɓa kaiwa ba, can inda rana ke nutsewa cikin tafkin gishiri, akwai wani haske da ke sauka sau ɗaya a shekara goma. Mutanen wurin suna kiransa Shanya, don in ya zo sai ka ce wata ce ta wanke zannuwanta ta baza su a sararin sama, wani algashi, wani shunayya, wani ruwan goro, suna kaɗawa a hankali ko da babu iska. Da almuru yake zuwa, bayan an gama zuba hatsi a rumbu, kuma ba ya daɗewa. Kafin a ɗora tukunyar wake a sauke, ya naɗe kayansa. A tsakanin ninkin zannuwan nan ne fuskokin waɗanda suka riga mu gidan gaskiya ke bayyana, kowacce saitin gidan mai kewarta. Ba magana, ba taɓawa, gani ne kawai. To, a wani gari na ƙasar akwai wata mai ginin tukwane, 'yar tagwaye, wadda 'yar'uwar tagwaicinta ta rasu shekara uku kafin zuwan Shanya. Tare suka tashi, tare suke kwaɓa yumɓu, kamarsu ɗaya har uwarsu kan rikice. Tun da aka binne ɗayar, ita kuma ba ta da zance a zuci sai na ranar da hasken zai sauko. Amma duk sa'ad da ta tuna gajartar lokacin sai ranta ya ɓaci. Yaya mutum zai yi ta jira don kallon da bai wuce dahuwar wake ba? Ga furfura ta cika mata kai, ba ta da tabbacin za ta ga wata Shanyar bayan wannan. Sai dabara ta faɗo mata. Ta san ruwa yana ɗaukar siffar duk abin da ke bisansa. Ta je ta haƙo jan yumɓu mafi laushi, ta gina randuna goma sha biyu masu faɗin baki, kowacce da murfinta, ta gasa su har in an ƙwanƙwasa suna amo kamar ƙararrawa. Ta jera su a tsakar gida ƙarƙashin sararin sama, ta cika su da ruwan rijiya.

Ranar da abin zai zo, kaji suka shige akurki da wuri, zabi suka yi tsit, iska ta kawo ƙamshin ruwan fari alhali damina ta daɗe da wucewa. Sai wani siririn kore ya keto daga gabas, ya buɗe, ya sake buɗewa, har sama ta cika. Mutane suka hau soraye da tabarminsu. Hasken ya kwararo kan katangu, kan bayan awaki, kan hannayen matar nan, komai ya zama kamar ana kallonsa daga ƙarƙashin ruwa. Ita dai ba ta ɗaga kai ba. Ta ce wa ranta, wanda ya adana abu a randa ai yana da sauran kwanakinsa duka na kallo. Ta sunkuya ta leƙa randar farko. Ga launuka suna iyo a hankali, ga fuska a tsakiyarsu, fuskar da ta fi sani a duniya, idanu cike da ƙwalla. Ta yi maza ta kifa murfi, ta liƙe bakin da ɗanyen yumɓu. Ta leƙa ta biyu, ga fuskar nan. Ta rufe. Haka ta bi su ɗaya bayan ɗaya, cike da murna, tana jin koke-koke da dariyar mutane daga kan soraye kamar daga wata duniya. Tana danne murfin ta goma sha biyu, sai ta ga koren da ke yatsunta ya dushe, ya koma launin yumɓu. Ta ɗaga kai. Taurari ne kawai, sai wani ɗan zare mai haske yana ɓacewa bayan tafki. Ba ta damu ba, ta kwanta da farin ciki.

Gari na wayewa maƙwabciyarta ta leƙo ta kan katanga ta ce, "Baiwar Allah, me ya hana ki ɗaga kai jiya? 'Yar'uwarki ta zo fa. Duk garin nan ba wadda ta kai ta saukowa, har gab da kan tsamiyarki. Tun farko har ƙarshe ƙeyarki take kallo." Mai ginin tukwane ta ɗauko dutse ta ɓanɓare yumɓun randar farko, ta ɗaga murfi. Babu algashi, babu shunayya, ruwa ne zalla da fuska a ciki, mai furfura, da ɗigon yumɓu a goshi. Ta kai hannu ta shafi goshinta, fuskar ma ta shafi nata. Nan ta gane cewa kanta ne ya tare bakin kowace randa, kuma fuskar da ta yi ta rufewa sau goma sha biyu tata ce. Ta zauna a ƙasa tsakanin randunan har rana ta take tsaka, idonta a sama, sama kuwa fes, ko gajimare babu.

Gaskiyar masu iya magana da suka ce, garin neman gira a rasa ido.