Kaset na Goma Sha Biyu

Balarabe bai tsaya duba kaset ɗin ba. Ya karɓa daga hannun matar, ya rubuta masa lamba goma sha biyu, ya cusa a aljihun taguwa.

Gyaran bidiyo ne sana'arsa a unguwar Harra ta Gabas da ke Madina, amma a shekarar 1986 ba shi ke ciyar da shi ba. A ƙuryar shagon yana da wasu kaset-kaset masu lamba, finafinan batsa na ƙetare da mata zalla ke fitowa a ciki. Dabararsa ita ce ya yanko rawar matan Madina daga kaset ɗin bikin da aka kawo masa kwafi, ya dasa a tsakiya. Na ɗaya ya fi kowanne tafiya. Inda fuskokin suka ƙare bai taɓa damunsa ba.

Shekara biyu ke nan wannan mata mai niƙabi tana kawo masa kaya. Ta ce ɗaukar bikin mata take yi da kyamararta, kuma a benen da ke kallon shagonsa take haya. Ba ta ciniki, ba ta zama.

"Hajiya, wannan ya kai na baya?" ya tambaye ta.

"Ya fi su, Malam Balarabe. Ka tara manyan masu sayenka, ku gani tare."

Haka ya yi. Bayan la'asar mutum tara suka hallara a ɗakin wata gonar dabino a Jurf, bayan gari, inda ya saba tara su, aka rufe taga, aka zuba shayi. Balarabe ya saka kaset ya koma gefe yana murmushi.

Ƙofar shagonsa ce ta fito a akwatin talabijin. Ga Sabiru dillali yana fitowa, yana tura kaset cikin hammata. Ga Sharfuddeen, mai yawan yi wa mutane faɗa a kan tarbiyya. Ɗaya bayan ɗaya kowa ya ga kansa, an ɗauko shi daga sama, fuska tar. Sabiru ya ajiye kofinsa, ya juyo yana duban Balarabe.

Sai muryar matar ta fito daga akwatin, a natse.

"Na aika kwafi gidan surukan kowannenku da safe. 'Yan shurɗa ma sun karɓi nasu, har da kwatancen gonar."

Balarabe ya yunƙura zai kashe, Sharfuddeen ya damƙe masa wuyan riga. A waje an ji tsayuwar motar 'yan sanda.

Hoton ya girgiza, kyamarar ta juya ga madubi. Matar ta sa hannu ɗaya ta ɗage niƙabinta, ta tsaya don su gani da kyau. Duk wanda ke ɗakin ya san fuskar: Asama'u ce, amaryar da ke dariya a kaset na ɗaya, wadda mijinta ya saka ranar da ya ga kaset ɗin a gidan abokinsa.