Rigar Zakarun da Ba Su Ci Ba

Har yau ina jin ƙamshin dilar gwanjon da Baba ya kwance a shagonsa na unguwar Aziziyya a Makka. Ya zaro jar riga mai hoton ƙwallo kamar gwanda, ya saka mini.

Wani alhaji Ba'amurke ya karanta rubutunta, ya yi dariya. Ya ce ta zakarun ƙwallon Amurka ce, amma ƙungiyar ta sha kashi a wasan ƙarshe. Tun kafin wasa ake buga wa ɓangarorin biyu rigar zakaru, a turo ta waɗanda suka faɗi ƙasashen waje.

Na fara tuɓewa, Baba ya riƙe hannuna.

"Halas, ya waladi! Ya isa, ɗana, bar ta. A Makka su suka ci."

Baba ya rasu tuni. Har gobe ban yarda da alhajin nan ba.