Kyamarar Kader Mai Rangaji

Wannan ne zuwan Uzairu na uku gidan nan na garin McLeansville a Amurka, kuma har yanzu Hajiya Yemima ba ta furta sunan ba.

Uzairu ɗalibin digirin digirgir ne a Greensboro. Bincikensa kaf ya rataya a kan wani tsohon fim da aka ɗauka a Damagaram jim kaɗan bayan samun 'yancin Nijar. Suna ɗaya ne a ƙarshen fim ɗin: Kader. Ba hoto, ba sunan uba. Malamarsa ta ce masa ko ya kawo shaidar wanda ya san Kader, ko ya canza batu, ga shi tallafin karatunsa ya kusa ƙarewa.

Da ƙyar wani ɗan Nijar mai aiki a titin Wendover ya ce masa akwai tsohuwar da fim ɗin nan na gidansu ne. Uzairu bai tsaya tambaya ba, ya yanke cewa Kader ya rasu, ita kuwa matarsa ce.

To, tsohuwa dai sai ta Allah. Kafin ya zauna sai ta tashe shi daga bakin taga, wai haske na cin rabin fuskarsa. Idan ya ce Kader, sai ta sunkuyar da kai ta ce "wannan yaron". Ransa ya ɓaci. Mace ta haura tamanin, tana zaune a Amurka, amma kunyar sunan miji ba ta sake ta ba!

"Mama, kin ce duk inda aka ɗauka kina wurin. Na kalli fim ɗin har na haddace, ban gan ki ba."

"Ba za ka gan ni ba," in ji ta.

Ya koma yi mata bayanin abin da ya gano, ko za ta saki baki: yadda kyamarar Kader ke rangaji a hankali, dama da hagu, salon da ba wanda ya riga shi. Babi guda ya rubuta a kai. Hajiya ta yi dariya har da share hawaye, ta tura masa kwanon fura.

Nan haƙurinsa ya ƙare. Ya kashe rikoda, ya yi sallama a daƙile.

Babban ɗanta, dattijo mai furfura da jikoki ke kira Baba, ya rako shi mota.

"Alhaji, *please*, ka roƙar min ita. Ko sau ɗaya ne, ta ce mijinta Kader ne ya yi fim ɗin, shi ke nan."

Dattijon ya tsaya yana kallonsa.

"Mijinta? Babanmu Adamou tela ne, ko silima bai taɓa shiga ba. Sunan ɗan fari ne ba ta faɗa. Ita ta ɗauki fim ɗin, amma danginta sun ce ba za a ga sunan mace a bangon silima ba, sai ta sa nawa. Rangajin nan da ka rubuta babi a kai, ina goye a bayanta ne, tana jijjiga ni kar in yi kuka."