Sanƙiran da Ba Ya Karɓar Lada

Tun da shawara ka zo nema kan bikin 'yarka, Tasi'u, bari in ba ka misali, sai ka auna da kanka.

An yi wani kafinta da ya tashi aurar da 'yarsa ta fari. Gado da kujerun ɗaki da hannunsa ya yi su, abinci da hayar rumfa suka lashe mafi yawan kuɗin da ya tanada. Abin da ya rage masa bai wuce ya ɗauki abu guda cikin kayan armashin liyafa ba: ko mai kiɗan lasifika, ko mai ɗaukar bidiyo, ko mai injin hayaƙin nan da amarya ke ratsawa kamar an cinna wa bola wuta. Shi kuwa mutum ne mai zargin tsiya, ko ƙusa zai saya sai ya juya ta ya duba. Mai bidiyo, ya ce watsa masa 'ya'ya zai yi a wayoyin duniya. Mai lasifika, ya ce zauna-gari-banzan unguwa zai tara masa. Mai hayaƙi kuwa ko wurin zama bai ba shi ba. Ana cikin haka sai ga wani ɗan gayu, sanƙiran zamani irin wanda yara ke kira emsi, ya zo har shago ya durƙusa. Ya ce shi da lasifikarsa da makaɗinsa da mai hotonsa duk kyauta ne, abin da jama'a suka liƙa masa ya ishe shi.

Hankalin kafinta bai kwanta ba. Kwana uku yana yankan katako yana juya maganar, yana neman inda ramin yake. Ya ce ko liƙin amarya mutumin zai kwashe, sai ya gindaya sharaɗi cewa na amarya na amarya ne. Mutumin ya yarda. Ya ce ko wani bikin zai karɓa ranar ya bar shi da jama'a, sai ya sa aka ƙulla magana gaban shaidu. Ya yarda. Ya ce ko tawaga zai kwaso su cinye abincin baƙi, sai ya yanke masa mutum huɗu. Nan ma ya yarda, har da murmushi. Wannan saurin yarda ya fi komai damun kafinta, don ya san ɗan kasuwar da ba ya jan ciniki ya riga ya hango ribarsa. Abu ɗaya tak mutumin ya roƙa: a rubuta masa sunayen manyan baƙi da matsayin kowa, don kada ya yi wa babba kiran yaro. To, a nan duk wayon kafinta ya yi barci. Daɗi ma ya ji. Ya zauna ya rubuta, ya ja layi a ƙarƙashin sunan yayansa, Malam Jatau, wani tsohon manomi da ya riƙe shi tun rasuwar mahaifinsu, ya kai shi koyon sana'a. Babu abin da kafinta ke so a bikin nan kamar surukai su ga girman wannan tsoho.

Ranar liyafa, bayan la'asar, sanƙira ya buɗe takarda. Ashe kiran ba na gaisuwa ba ne. Sai ya ambaci suna, ya zuba kirari, a tsayar da kiɗa cak, ba a ci gaba sai mai sunan ya fito fili ya yi masa liƙi, mai hoto na binsa. Da dangin ango ya fara, su kuwa 'yan kasuwa ne, sun zo da sababbin kuɗi, abin wasa ne a wurinsu. Kafinta na zaune gumi na keto masa, ya gane ramin da ya kwana uku yana nema.

"Ina uban amarya na asali, Malam Jatau, rumbun dangi? Baba, fili naka ne."

Tsoho ya miƙe a hankali. Ya laluba aljihu ya fito da kuɗin motarsa na komawa ƙauye, a ƙulle cikin leda. Ya kwance, ya liƙa su ɗaya bayan ɗaya, nan da nan suka ƙare. Sanƙira ya ɗaga guda sama ya ce a lasifika, "Baba ya buɗe da na gaisuwa, muna jiran na gaske." Aka yi dariya. Ba ta mugunta ba ce, amma ta shige shi. Ya ɗan tsaya a tsakiyar fili hannu wofi, sannan ya juya, bai koma kujerarsa ba.

A bakin titi kafinta ya cim masa, yana ba shi haƙuri yana cusa masa kuɗin mota, kunya kamar ƙasa ta tsage ya shige. Tsoho bai yi faɗa ba, da ma faɗan ya yi da ya fi sauƙi. Ya ce, "Kai ka ba shi sunana?" Kafinta ya ce e, Yaya. Ya ce, "To, Allah ya ba su zaman lafiya." Bai ɗanɗana abincin bikin ba. Da aka haihu bayan shekara, saƙon barka ya aiko, shi bai zo suna ba, kuma har yau kafinta bai daina cizon yatsa ba.

Don haka, Tasi'u, ka ɗauki abu guda da ƙarfinka zai kai, ka biya shi ka huta. Wanda ya ce zai raya maka biki kyauta, ka tambaye shi aljihun wa zai biya, don Hausawa sun ce banza ba ta kai zomo kasuwa.